Inda Kan Tanki Ya Faɗa

Litinin, 2 ga wata

Zuwa ga 'yata Me-ya-sa,

Sallama da gaisuwa mai yawa. Ina fata kina lafiya, ke da ɗaliban da kike koya wa kimiyya. Gwaggonki tana gaishe ki, ciwon gwiwarta ya yi sauƙi. Ni ma da sauƙi, sai dai kunnuwana da ke ta ƙara kamar an saka mini injin niƙa a ciki, shi ya sa ban kira ki a waya ba. Direban da ke kai buhunan siminti wajenku ne zai kawo miki wannan.

Na san zumuncinmu sai an bi ta kan kakarki da mahaifina kafin a haɗa mu. Amma ni na yi miki akwatin ƙarfen da kika tafi makaranta da shi, ni kuma na raɗa miki wannan suna saboda tambayar tsiya da kika dame ni da ita a rumfata. Yau tambayar ta dawo kaina.

Kin tuna Mai Faci, maƙwabcina a layin masu sana'a? Ranar Alhamis da hantsi tankin iskar da yake hura tayoyi da shi ya fashe. Ƙarar ta tayar da duk layin. Mai Faci ya karye a ƙafa, yana gida yanzu, an ɗaure. Tankin ya rabu uku: gangar jikin, da gindin, da kan. An ga biyu, kan kuwa ya ɓata kamar ƙasa ta haɗiye shi.

Ga inda matsalar take. Wata biyu da suka wuce ni na yi wa wuyan tankin walda, daidai inda bawul yake zama, wato abin nan da ke sakin iska in ta yi yawa. Yanzu kowa cewa yake waldata ce ta saki. Shekara talatin da ɗaya ina wannan aiki, ko hannun buta da na liƙa bai taɓa cirewa ba. Amma shaidata tana jikin kan, kan kuma babu shi. Ƙungiyarmu za ta zauna ranar talatin ga wata, kuma na ji ana cewa za a karɓe rumfata a ba wani. Tun ranar ko kujera ba a kawo mini gyara ba. Mai Faci da muka shekara ashirin muna cin abinci a kwano ɗaya, in na je duba shi sai ya juya fuska bango.

Ban san abin da za ki iya yi daga nesa ba. Gwaggonki ce ta ce in rubuta, wai mai boko ba ta rasa dabara. Ni dai raina a ɓace yake, kuma ba ni da wanda zan faɗa wa.

Kawunki mai walda

Juma'a, 6 ga wata

Kawu,

Na amsa sallamarka, na kuma gode Allah da abin ya tsaya a kunne. Ka daina tura tsinke a ciki, na san halinka. A gaishe da Gwaggo, a yi wa Mai Faci sannu. Akwatin yana nan, har yau ko marfin bai goce ba.

Gwaggo ta yi gaskiya, akwai dabara. Ka tuna lokacin da nake tsayawa a kan baro a gaban rumfarka in yi tsalle gaba, baron ya gudu baya, kai kuma ka yi ta faɗa? Abin da ya faru da tankin ke nan. Kafin ya fashe yana zaune wuri ɗaya, ba gabas zai je ba, ba yamma ba. Fashewa daga cikinsa ta fito, ba wani ne ya tura shi daga waje ba. Don haka duk gutsuren da ya tafi wani ɓangare, dole wani ya tafi ɗaya ɓangaren ya soke shi. Rabon kowane gutsure shi ne nauyinsa sau gudunsa. Mai nauyi ya tafi a hankali, mara nauyi ya tafi da gudu, amma in ka haɗa rabon duka, kana lura da inda kowanne ya nufa, sai ka tarar ba abin da ya rage. Iskar da ta fita ma ta ɗauki nata, shi ya sa lissafin ba zai nuna mana daidai taku ba, amma zai nuna hanya.

Wato, Kawu, biyun da ke hannunka sun san inda na ukun ya tafi. Tambayarsu kawai za mu yi.

Ka kai su wajen mai sayen tsofaffin ƙarafa ya ɗora maka a sikeli. Ka gaya mini nauyin kan a yadda ka san shi. Sannan ka tsaya inda tankin yake zama, ka auna mini taku nawa ne zuwa inda kowane gutsure ya tsaya, da kuma ɓangaren da yake. Kada ka ce mini dama ko hagu, don ban san inda ka fuskanta ba.

'Yarka, Me-ya-sa

Talata, 10 ga wata

'Yata,

Muna lafiya, kunne ɗaya ya fara buɗewa. Gwaggonki ta ce ki riƙa cin abinci, wai rubutunki ma ya rame.

Na yi yadda kika ce. Mai tsofaffin ƙarafa ya ɗauka sayarwa na zo yi, har ya fara taya mini. Gangar jikin kilo arba'in ce, tana taku shida gabas da mazaunin tankin. Gindin kilo goma, ya tafi kudu taku ashirin, ya daki katangar mai gyaran firij har ya ɓantare siminti. Kan ba zai wuce kilo biyar ba, na riƙe shi a hannuna yini guda.

Na karanta zancen baron sau uku. Na gane. Ashe abin da bututun gas ke yi mini ke nan in na buɗe shi da ƙarfi, ya fizge hannuna baya. Shekara talatin yana yi, ban taɓa tambayarsa dalili ba.

Kawunki

Juma'a, 13 ga wata

Kawu,

Ina gaisuwa, kuma ka gaya wa Gwaggo alƙalamin ne ya rame, ba ni ba.

Na zana a allo bayan ɗalibai sun tashi. Gangar jiki ta ja gabas, gindi ya ja kudu, to kan ba shi da wurin zuwa sai tsakanin arewa da yamma. Kuma tun da shi ne mara nauyi, shi kaɗai ya soke rabon biyun, ya tafi da gudun da ya fi nasu nesa ba kusa ba. Kada ka tsaya dube-dube a bakin rumfa. Ka miƙe hanyar nan har taku ɗari ko fiye.

Abu ɗaya, Kawu. Lissafina kan zai nemo, ba zai ce waldarka ba ta da laifi ba. In mun same shi, duk abin da ke jikinsa shi za mu karɓa.

Ina jiran labari mai daɗi.

'Yarka

Alhamis, 19 ga wata

Malama,

Muna nan yadda kika bar mu.

Tsakanin arewa da yamma akwai garejin bakanike, bayansa kuma babbar kwata ce. Kwana uku ina ciki, wando a naɗe, ina tona da rodi. Na fito da tsohon takalmi, da murfin tukunya, da rabin keke. Duk layin suka fito kallo. Bakanike ya ce in na ga sifanarsa da ta ɓata bara in ajiye masa. Wani ya ce mai walda ya koma kamun kifi. Na yi ta maza na yi dariya tare da su, amma na koma gida kamar in nutse don kunya.

Duk wannan bai yi mini zafi ba kamar layin ƙarshe na takardarki. Ashe ke ma kina cikin masu shakka? Na rubuta miki ne don na ɗauka ke ɗaya ce ba za ki ce sai kin gani ba. Kina ganin zan yi wa Mai Faci aikin ha'inci? Ni da na fara isa kansa, na tarar tankin ya murƙushe bencin da yake zaune ya danne masa ƙafa? Ni na ɗaga ƙarfen da hannuna yana ƙona ni, na ja shi na fitar daga hanya don motar da za ta kai shi asibiti ta samu shiga. Har yau tafin hannuna bai warke ba.

Na gode da wahalar da kika sha. Ki bar shi haka. Na fara haɗa kayan aikina a buhu, gara in fita da ƙafata kafin a ce in fita.

Mai walda

Asabar, 21 ga wata

Kawu, Kawuna,

Ina gaisuwa, ko da ka mai da ni Malama ka mai da kanka mai walda. Na karanta takardarka na yi kuka, sannan na sake karantawa na yi ihu har mai gadin makaranta ya leƙo.

Ka yafe mini layin nan. Ban taɓa shakkar hannunka ba, ni da nake zama a kan akwatinka kullum. Abin da nake nufi shi ne, lissafin ba na gefen kowa ba ne, shi ya sa in ya wanke ka ba wanda zai ce don kai kawuna ne.

Yanzu ka ajiye buhun nan ka saurare ni. KA JA TANKIN! Me ya sa ba ka faɗa mini ba? Laifina ne, na ce ka auna inda ya tsaya, kai kuma ka auna inda ka ajiye shi. Taku shida gabas ɗin nan aikinka ne, ba aikin fashewa ba. Na tura ka kwata a kan ƙarfin hannunka.

In ban manta ba, bencin Mai Faci yana yamma da tankin, a gindin bishiyar da muke fakewa. In haka ne, gangar jikin yamma ta yi, ba gabas ba. Ka je ka duba inda bencin ya karye ka tabbatar. To gangar jiki yamma, gindi kudu, kan ya tafi tsakanin arewa da GABAS. Kuma tun da a saman tankin yake, ina zaton ya tashi sama ne ya faɗo. Ka daina kallon ƙasa. Ka bi hanyar nan kana kallon rufin mutane, ka tambaya ko akwai wanda ɗakinsa ya fara yoyo tun ranar.

In na sake kuskure, ni da kaina zan zo in shiga kwatar.

'Yarka, ko ka so ko ka ƙi

Alhamis, 26 ga wata

Kawu,

Shiru. Ban san ko takardata ta iso ba, ko fushi ne ya hana ka amsa. Na kira wayar Gwaggo ba ta shiga. Saura kwana huɗu. Na ba wata mata da za ta bi ta wajenku wannan. In waccan ba ta zo ba, ga abin da ke ciki: arewa maso gabas, ka dubi rufi.

Me-ya-sa

Laraba, 1 ga sabon wata

Zuwa ga 'yata, uwar lissafi,

Sallama irin ta mai farin ciki. Muna lafiya ƙalau, kunnuwa duka biyu sun buɗe, har ina jin abin da ba a so in ji. Gwaggonki tana nan sai rawar kai take, wai ita ta ce a rubuta miki. Wayarta ta faɗa a bahon wanki ne, kada ki ɗauka fushi ne.

Takardunki biyu rana ɗaya suka iso, ranar ashirin da takwas. Motar direban ce ta lalace a hanya, ya kwana shida yana jiran kayan gyara da takardarki a aljihu. Na karanta a tsaye. Da na zo kan “KA JA TANKIN” sai na zauna a kan buhun kayana na dafe kai. Gaskiya ne, bencin yana yamma, taku biyu kacal. Ni ban ɗauki jan da na yi a bakin komai ba, kamar yadda mutum ba ya lissafa kawar da dutse daga hanya.

Na tsaya a mazaunin tankin, na fuskanci inda kika ce, na miƙe ina kallon sama kamar mai neman tsuntsu. Bakanike ya ɗaga murya ya ce, “Mai walda, kifin ya koma sama ne?” Ban kula shi ba. Na tsallaka titi, na wuce shagon tela, na wuce mai sayar da katako. A taku na ɗari da goma sha huɗu na iso ɗakin matar nan mai injin niƙa. Ina leƙawa sai ga bokiti a tsakar ɗaki.

Na ce, “Baiwar Allah, yaushe rufinki ya fara yoyo?”

Ta ce, “Kai dai bari. Kusan wata guda ke nan. Na yi wa kafintan da ya buga kwanon nan faɗa har na gaji, yana ta rantsuwa ba shi ba ne.”

Na ce ta ara mini tsani. Ta ce in na faɗo ba ruwanta. Injinta yana ta ƙara ranar da tankin ya fashe, shi ya sa ba ta ji saukar komai ba.

'Yata, yana nan. Ya huda kwano ya zauna a kan silin, a tsakanin katako biyu, ƙura ta rufe shi. Na goge wuyan da rigata. Waldata tana nan zagaye, ko tsaga babu, kyakkyawa kamar ranar da na yi ta. Ƙarfen ya yage ne ƙasa da ita da yatsa uku, inda tsatsa ta ci. Na zauna a kan rufin mutane ina dariya ni kaɗai, hawaye na zuba.

Sai na juya shi na dubi bawul. An buga masa ƙusa, an toshe shi tam.

Nan dariyar ta tsaya. Na naɗe shi a buhu, ban nuna wa kowa ba, na wuce gidan Mai Faci. Ya juya fuska bango kamar kullum. Na ajiye masa a kan tabarma na ce, “Ga kan tankinka.” Ya daɗe yana kallo. Can ya ce, “Huci bawul ɗin yake yi mini tun kafin iska ta isa tayar babbar mota. Na ce bari in toshe na yini ɗaya, sai na manta. Tun ranar ba fushi nake da kai ba, idonka ne ba na iya kallo.” Na ce masa ni wuyan kawai zan nuna wa ƙungiya, zan iya riƙe bawul ɗin a tafin hannuna ba wanda ya gani. Ya ce, “Ka ɗauke mini tanki a ƙafa, ba za ka ɗauke mini wannan ma ba. Bar shi nan.”

Shekaranjiya ƙungiya ta zauna. Shugaba ya fara karanta abin da aka yanke, sai ga Mai Faci a bakin ƙofa, sanda a hannu ɗaya, kan tanki a ɗaya. Ya dangwarar da shi a tebur ya faɗi komai da bakinsa. Tsofaffin masu walda biyu suka karɓa, suka juya, suka ƙwanƙwasa da guduma. Ɗayan, wanda bai taɓa yabon aikin kowa ba, ya ce, “Tankin ya mutu, waldar ta ƙi.” Shugaba ya ninke takardarsa ya saka a aljihu. Rumfata tawa ce. Na roƙa kada a taɓa ta Mai Faci, aka ce ya riga ya biya da ƙafarsa, sai dai daga yau ba mai kunna tanki a layin sai an duba bawul ɗinsa duk wata. Ki ce wa aka ba duban? Kawunki!

Bakanike ne ya tambaya yadda na san rufin da zan hau. Na ce a kawo baro. Na hau, da furfurata, na yi tsalle gaba, baron ya gudu baya ya daki ƙafar shugaba. Na yi musu bayanin nauyi sau gudu kamar a kaina aka fara shi. Na dai faɗa musu 'yata ce ta koya mini, daga garin da ba ta ko ganin rufin.

Yau da safe an kawo mini ƙofa biyu da gadon ƙarfe. Na ce su jira. Na fara liƙe rufin mai niƙa, ta kuma je ba kafinta haƙuri. Yanzu ina yi wa Mai Faci sandar ƙarfe mara nauyi, yana zaune a gefena yana cewa ta yi tsawo.

Direba zai kawo miki gindin tankin ki nuna wa ɗalibanki. Kan kuwa na rataye shi a ƙofar rumfa, wuyan yana kallon titi. Ki yafe mini Malamar da na kira ki da ita cikin fushi. Yau na sake kiranki da ita, da gaske.

Sai tambaya ɗaya. In rabon gutsuren duka yana soke juna har ba abin da ya rage, me ya sa katanga ta ɓantare, rufi ya huje, ƙafa ta karye? Daga ina wannan ƙarfin ya fito? Ki amsa mini dalla-dalla, kada ki ce sai na girma, kamar yadda nake ce miki.

Ɗalibinki,
Kawu Me-ya-sa